Ƙarfen da Ya Ci Yatsu Biyu

Ranar wata Asabar cikin bazara, ana saura 'yan kwanaki ruwan shuka ya sauka, na tashi daga Kankiya na nufi Kusada gaida kawuna. Maƙeri ne ɗan maƙeri, kuma a irin wannan lokaci ba a samunsa a gida sai a maƙera, don kowa ya tuna da garmarsa da ta dakushe tun bara. Na tafi da ɗan ƙanena, saurayi ɗalibi wanda wayarsa ba ta hutawa. Muna zaune bisa kututture, ɗan zuga yana ta fama da zugazugi, sai wani sauti ya ɓarke daga aljihun saurayin: kiɗa mai kauri, mai jan ƙafa, kamar tirela ta ɗauko siminti tana hawan tudu. Ya zabura zai kashe saboda ina wurin. Kawu ya ɗaga awartaki ya tsai da shi.

"Ƙyale shi. Wanga kiɗan su wane ne?"

"Na Turawa ne, Kaka."

"Mi sunanshi?"

Yaron ya waiwayo ya dube ni. Turawa suna ce masa heavy metal, sai na juya kalmomin biyu yadda suka zo mini a baki, na ce, "Kawu, da Hausa dai ƙarfe mai nauyi ke nan."

Ya saurara har kiɗan ya yi nisa, sa'an nan ya ce, "Ƙarfe ai duk nauyi gare shi. Mu amo muke tambaya." Ya jawo guntun sifirin ɗin mota daga tarin da ke gefensa, ya riƙe shi sama da awartaki, ya ƙwanƙwasa da masaba. Sautin ya tashi ya daɗe bai sauka ba. Ya ɗauko wani guntun ya buga, wannan ya ce ƙwas, ya mutu nan take. "Wanga tsaga gare shi a ciki," in ji shi, ya jefar da shi gefe. "Ido bai ganinta, kunne ke ji."

Tun daga ranar kalmomin suke bina duk inda na sa ƙafa.

Bahaushe ya ɗora wa ƙarfe kaya masu yawa. Akwai baƙin ƙarfe na su Kawu, maƙeran baƙi, akwai jan ƙarfe, ga azurfa ta maƙeran fari. Keke dokin ƙarfe ne. Wanda ya liƙe maka ya hana ka sakat ya zame maka ƙarfen ƙafa. Lokaci ma da ƙarfe muke ƙirga shi. Na yi shekaru ina tambayar "ƙarfe nawa?" ban san abin da nake faɗa ba, alhali kullum ina ganin amsar da idona a makarantarmu ta firamare, inda aka rataye tsohon wilin mota a reshen bedi ana dukansa da guntun rodi, a shiga aji, a fita tara, a tashi. Ƙarfe biyu bugu biyu ne. Ashe a harshenmu agogo tun asali makaɗi ne. Wasali ɗaya tak ya raba ƙarfe da ƙarfi, kuma kuge, wanda ake bugawa a tara mutane a gaban sarki, ƙarfe ne zalla ba fata ba tsirkiya. Mu mutanen Kankiya har masana'antar ƙarafa aka kafa mana mai ɗauke da sunan garin, Kankia Metal Works, don haka kalmar ba baƙuwa ba ce a kunnenmu ko da Turanci. Abin da yawancinmu ba mu sani ba shi ne akwai kiɗa mai wannan suna.

Kafin sunan ya hau kan kiɗa, na masana kimiyya ne. Da shi suke kiran irin su dalma da zaiba, ƙarafan da kaɗan daga cikinsu in ya shiga jini yake yin ɓarna. Wannan ma'anar mu a Arewa mun san ta da hawaye. A 2010 ƙurar dalma daga niƙan duwatsun zinariya a cikin gidaje ta kashe yara sama da 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum na Zamfara. Duk lokacin da na ji sunan kiɗan sai wannan ya faɗo mini, kuma ba na korarsa, domin sunan tun farko ba na ado ba ne. Marubutan mujallun kiɗa ne suka liƙa shi a farkon shekarun 1970, sa'ad da suka rasa abin da za su kira wani sauti da ya fito daga garin maƙera.

Garin shi ne Birmingham, a tsakiyar Ingila, inda aka yi ƙarnoni ana narka ƙarfe ana ƙera bindigogi da kusoshi da motoci. Can aka haifi Tony Iommi ranar 19 ga Fabrairu 1948, kuma jitarsa ce ta fito daga aljihun ɗan ƙanena. Ya tashi a Aston, unguwar leburori, iyayensa suna da ɗan kanti. Bahago ne. Yana da shekara 17 yana aikin walda a wata masana'antar fallayen ƙarfe, da dare ya ɗauki jita. Ya samu gurbi a wata ƙungiyar makaɗa da za ta fita wasa ƙetare, ya ba da sanarwar barin aiki. Ranarsa ta ƙarshe ya koma gida cin abincin rana da niyyar shi ke nan, mahaifiyarsa ta ce a'a, ya koma ya cika ranarsa yadda ya kamata. Ya koma. Matar da ke kula da injin datse ƙarfe ba ta zo ba, aka sa shi a kan injin da bai saba da shi ba. Injin ya sauko a kan hannunsa na dama, ya tafi da kan yatsu biyu, na tsakiya da mai bi masa.

Ga bahago, hannun dama shi ne mai danna tsirkiya a wuyan jita. Wato abin da ya rasa shi ne daidai wurin da fata ke taɓa waya. A asibiti aka ce masa ya manta da kiɗa.

A wajenmu ɗan tauri ana ce masa ƙarfe ba ya cinsa. Ana buga masa ganga ya zare wuƙa ya goga a ciki ko a wuya, ta lanƙwashe, mata su rangaɗa guɗa. Maƙera kuma suna da nasu wasan da wuta, da kiɗansu na dundufa. Al'adarmu ta san cewa wanda ke zaune da ƙarfe yana bukatar tsari daga gare shi, kuma ta zaɓi kalmar "ci" don abin da ƙarfe ke yi wa nama, kamar yadda wuta ke ci, ruwa ke ci. Wannan yaro na Aston ba shi da maganin ƙarfe. Ƙarfe ya ci shi, ya bar masa yatsu biyu da ƙashi ke kusa da baki.

Wanda ya tashe shi daga kwance manajan masana'antar ne. Ya zo gaishe shi da faifai a hannu. Iommi ba ya son jin wani yana kaɗa jita a wannan hali, mutumin ya matsa masa, ya saurara, sai bayan an gama aka gaya masa cewa mai kiɗan nan da yatsu biyu yake danna tsirkiya. Django Reinhardt ke nan, wanda aka haifa a Beljiyam a 1910 cikin al'ummar Roma masu yawo, gobara ta kama keken dokin da yake kwana a ciki a 1928 ta shanye masa yatsu biyu na hagu, ya sake koyon jita daga farko har ya zama gwanin da Turai ba ta yi kamarsa ba a zamaninsa. Na kan yi tunanin wannan manaja. Ba makaɗi ba ne, kuma a ƙarƙashin kulawarsa abin ya faru. Mai yiwuwa nauyin haka ne ya kawo shi. Bai zo da dogon wa'azin haƙuri ba, ya zo da shaida.

Abin da ya biyo baya duk wanda ya taɓa zama a rumfar mai gyaran rediyo a bakin titin Kano zuwa Katsina zai gane shi. Iommi ya samu robar sabulun wanke kwanuka, ya narka ta ya dunƙula, ya huda dunƙulen da ƙarfen soda mai zafi har yatsa ya shiga, ya zauna yana gogewa da samfefa har suka yi siffar kan yatsa. Roba tana zamewa a kan waya, sai ya yanko fata daga wata tsohuwar rigarsa ya manna a kai. Hular yatsu, in ce. Da ita ya koma kiɗa, ba ya jin tsirkiyar da yake dannawa, sai dai kunne ya gaya masa ko ya danna daidai. Maganar Kawu ce ta dawo: ido bai gani, yatsa ma bai ji, kunne ke ji.

Wannan muna ce mata dabara, kuma kiɗan tsirkiya a ƙasarmu da ita ya rayu. Kuntigin Ɗan Maraya Jos, wanda ya rasu a 2015, gwangwanin kifi ne aka rufe da fatar akuya aka ja masa tsirkiya ɗaya, amma da shi ya yi wa karen mota da talaka da ma'aurata magana har aka san shi a ƙasashen waje. A Nijar, Mdou Moctar, Buzu kuma shi ma bahago, jitarsa ta farko da wayar birkin keke ya haɗa ta, don gidansu ba su yarda da kiɗa ba. Faifansa na farko a Sakkwato ya ɗauke shi a 2008, da salon waƙoƙin finafinan Hausa na lokacin, waƙoƙin suka bazu daga waya zuwa waya a cikin Sahara kafin wani kamfani ya san da shi. Yau in yana kaɗa jitarsa ta lantarki a dandalin Amurka, masu son kiɗan ƙarfe suna cikin masu cika wurin. Kalmar bahago ma abin dubawa ce. Da ita muke kiran mai amfani da hagu, da ita kuma muke kiran abin da ya ƙi fahimta, bahagon mutum, bahaguwar magana, kamar dai duk wanda ya zo ta inda ba a saba ba sai mun tuhume shi tukuna.

Hular yatsu ba ta raba Iommi da ciwo ba. Tsirkiyoyin jita na wancan zamani masu kauri ne, a ɗaure tamau, danna su azaba ne gare shi. Sai ya ari siraran tsirkiyoyin banjo ya ɗaura. Ita banjo kuwa jikar kayan kiɗan Afirka ta Yamma ce, dangin molo da gurmi, bayin da aka kwashe ne suka haife ta a can ƙetaren teku. Daga baya, a faifan ƙungiyarsa Black Sabbath mai suna Master of Reality na 1971, ya sassauta tsirkiyoyin gaba ɗaya don su yi laushi a ƙarƙashin yatsun, mai babbar jita Geezer Butler ya sassauta nasa ya bi shi. Kowane ɗan Katsina ya san abin da ke faruwa in an sassauta. Mai kalangu in ya matse tsirkiya a hammata muryar ta yi siririya ta hau sama, in ya saki ta faɗo ta yi kauri. Haka jitar Iommi ta faɗo. Aka haɗa ta da lasifikoki da aka ƙure wa murya har sauti yana tsagewa, sai ga abin da na ji a maƙerar Kusada.

A nan ne nake tsayawa in daɗe. Bature yana cewa murya ta yi ƙasa, Bahaushe yana cewa ta yi kauri, kamar igiya ko tuwo, abin da hannu zai iya kamawa. Kiɗan da ya fi kowanne kauri a zamaninsa siririyar tsirkiya ce sakakkiya ta haife shi. Mai ji daga nesa zai ɗauka ƙarfi ne ya yi yawa har ya zuba, nuna isa ce ta samari. Asalinsa kuwa rauni ne, kuma Hausa ta yi mini gata a nan, don kalmar rauni tana ɗauke da ma'ana biyu a lokaci ɗaya: ciwon da aka ji a jiki, da kuma rashin ƙarfi. Duka biyun suna cikin wannan sauti. Mutum ne yake lallaɓa yatsunsa, duniya ta ji kamar rugugin hadari.

Shi ya sa na daina jin kunyar fassarar da na yi wa Kawu a gaggauce. Nauyi a Hausa ya fi na sikeli faɗi. Magidanci yana ɗaukar nauyin iyali, in ya aurar da 'ya ya sauke nauyi. Mace in ciki ya tsufa ta yi nauyi. Akwai magana mai nauyi wadda ba a faɗa a tsaye, akwai nauyin baki na wanda abu ke cinsa ya kasa furtawa. Sa'an nan akwai jin nauyi, wanda ya sa ɗan ƙanena ya zabura zai kashe waya don ina zaune. Samarin ƙungiyar huɗu na Aston, Iommi da Butler da mai ganga Bill Ward da mawaƙi Ozzy Osbourne, sun haɗu a 1968, lokacin da waƙoƙin da ke tashe daga Amurka na furanni ne da soyayya da zaman lafiya. Su kuwa sun tashi suna wasa a kangayen da bama-baman Yaƙin Duniya na Biyu suka bari, Ozzy har a mahauta ya yi aiki, kuma abin da ke jiran kowannensu shi ne bakin inji har tsufa. Waƙar furanni ba ta yi kama da unguwarsu ba. Abin da suka kaɗa nauyin wurin ne, irin nauyin da ake ɗauka, ba irin wanda ake aunawa ba. Faifansu na farko a yini ɗaya suka ɗauke shi cikin Oktoba 1969, ya fito ranar 13 ga Fabrairu 1970. Masu sharhi suka yi masa kaca-kaca, 'ya'yan leburori suka saye shi. Na biyun, Paranoid, a cikin shekarar ya hau kan gaba a kasuwar faifai ta Birtaniya.

Ba zan ɓoye abin da ke damuna ba. Sunan ƙungiyar, Black Sabbath, daga wani fim ɗin ban tsoro na 1963 suka ɗauko shi, bayan sun lura mutane suna biyan kuɗi don a firgita su. Waƙar da ta buɗe faifan farko an gina ta a kan wata tazara tsakanin sautuka biyu wadda tsofaffin masana kiɗan Turai suke ƙyama har suka laƙaba mata sunan shaiɗan. Waɗanda suka biyo bayansu da yawa sun mai da ƙoƙon kai da kabari da saɓo abin ado, kuma shi Iommi da kansa, a littafin tarihinsa na 2011, bai ɓoye shekarun da hodar ibilis ta cinye musu ba. Ba na son ɗan ƙanena ya ɗauki ko ɗaya daga cikin wannan, na kuma gaya masa a hanyarmu ta komawa. Amma na san yadda muke yi wa goge da garaya. Don ana kaɗa su a wajen bori da gidajen da mutumin kirki ba ya shiga, sai muka haɗa kayan kiɗan da masu kaɗawa muka yi musu kuɗin goro, har gwanaye irin su Garba Supa da Ibrahim Na Habu, masu kukuma, sai da suka yi ta fama da wannan kallo. Wanda ya tsaya ya bincika zai tarar Butler, mai rubuta yawancin baitocin ƙungiyar, ɗan gidan Katolika ne masu riƙo, kuma War Pigs, ɗaya daga cikin manyan waƙoƙinsu, tsinuwa ce ga shugabannin da ke kunna yaƙi su tura 'ya'yan talakawa su mutu, a daidai lokacin yaƙin Biyetnam. Mutumin Katsina ta tsakiya, a shekarun nan da muke binne mutane saboda rikicin da ba su suka haɗa ba, ba ya bukatar a yi masa tafsirin wannan.

Makaɗanmu kashi biyu ne, na gado da na haye. Na gado ya tarar da ganga a ɗakin ubansa. Ɗan haye shi ya kutsa kai, sau da yawa a kan ƙin iyaye. Mamman Shata, da aka haifa nan kusa da mu a Musawa a 1923, ɗan haye ne, mahaifinsa bai so ya yi waƙa ba, da tallan goro ya fara. Ya rasu a 1999, ga shi yau in ana lissafin abin da Hausa ta gada a waƙa da shi ake farawa. Iommi ma ɗan haye ne, ɗan masu kanti, mai walda. Gadon da ya bari kuwa iri ne mai ban mamaki. Daga Judas Priest na garinsu zuwa Metallica da Slayer da Pantera na Amurka, har zuwa samarin Botswana masu sa baƙar fata cikin zafin Kalahari, dubban makaɗa masu cikakkun yatsu goma suna sassauta tsirkiya yadda ya sassauta. Babu abin da ke musu ciwo. Suna shan maganin cutar da ba su yi ba, don a cikin maganin suka tarar da muryar da suke nema. Wannan ya sa na fara duban abubuwan da muka gada da wani ido. Yadda ake riƙe masaba a gidan su Kawu, yadda ake zama a gaban uwar maƙera, wa ya san ko wani kakan ne kafaɗarsa ta goce ya sauya zama, jikoki suka tarar suka ce haka ake yi?

Iommi kaɗai ne bai taɓa barin ƙungiyar ba tun da ta ɗauki sunan Black Sabbath, mawaƙa suna shiga suna fita. A farkon 2012 aka gano yana da ciwon daji, yana shan magani yana aiki, faifan da suka kira 13 ya fito a 2013 ya hau kan gaba a Birtaniya da Amurka. Amma ƙarfe ɗaya ba ya amo, in ji masu iya magana, kuma masu sauraro ba su taɓa daina neman mutum huɗun farko ba. Ranar 5 ga Yuli 2025 suka haɗu a filin ƙwallon Villa Park, a Aston ɗin da suka tashi, don wasan bankwana. Ƙungiyoyin da suka gaje su suka yi ta hawa ɗaya bayan ɗaya tun da rana suna kaɗa waƙoƙinsu. Ozzy, da ciwo ya hana shi tsayuwa, a zaune ya yi waƙa. Iommi yana da shekara 77, yana tsaye a gefe inda ya saba tsayawa, ba ya tsalle ba ya rawa, kansa a sunkuye a kan jita. Bayan kwana 17 Ozzy ya rasu.

Ban ba Kawu labarin da wannan tsawo ba. Na dai gaya masa na injin da yatsun da robar sabulu, ina yi yana juya bakin wata garma a cikin gawayi, har na ɗauka hankalinsa ba ya wurina. Da na kai ƙarshe ya zaro garmar ta yi jajir, ya ɗora a uwar maƙera, bai buga ba.

"Yatsun sun bar yi mai ciwo?"

Na ce, "Har yanzu da hular yake kiɗa, Kawu."

Ya gyaɗa kai. Ya dubi babban yatsansa na hagu, wanda farcensa bai sake fitowa daidai ba tun ina yaro, ya mai da garmar cikin wuta don ta fara hucewa. Sa'an nan ya ce wa ɗan zuga ya dakata, ya juya wajen ɗan ƙanena.

"Kai, mai waya. Maido shi daga farko."